Robar Hancin Abdulrahim

Samaru, Zariya
Talata, 14 ga Satumba

Yaya Jafaru,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya, kai da Nana Hafsat da yara. Tunda aka yanke muku layin waya a can, ga ni na koma biro da takarda kamar 'yar firamare. Wani direba da ke zuwa Ƙaura daga tashar Sabon Gari ne zai kawo maka wannan.

Ka nemi wuri ka zauna kafin ka ci gaba. An sari ƙaninka Abdulrahim. Ranar Juma'a bayan la'asar ya rufe shagonsa na kayan babur a Muchia, yana tafe yana amsa waya, wasu samari suka tare shi. Ka san shi da taurin kai, ya ƙi sakin wayar. Ɗaya ya sare shi da adda a ka, ɗaya ya soka masa wuƙa a ƙirji, da ya faɗi suka bi shi da ƙafa har haƙarƙarinsa suka karye. Ƙiri-ƙiri, mutane na tsaye suna kallo. Wani mai Keke ne ya yi ta maza ya ɗauko shi zuwa asibiti. Na ga cikin Keken nan da idona, Yaya, kuma har yau ban iya cin nama ba.

An yi masa aiki, yana ɗakin da mutane ke kira gobe da nisa. Inji ne ke yi masa numfashi. Yana kwance shiru, ko yatsa ba ya motsawa. Jiya sun zura masa roba ta hanci har ciki, ta nan suke ba shi abinci.

Matarsa Aishatu tana jego, ba halin fita. Inna kuwa hawan jininta ya tashi tun da ta ji. To ni ce gidana ya fi kusa da asibitin, jinya ta faɗo kaina, na ɗauki hutu a makaranta. Autanku Umar Farouk shi ne ɗan aike, duk abin da likita ya rubuta shi ke hawa babur ya sayo. Sai dai Umar ya fi ƙarfina. Washegarin abin wani ya nuna masa wani yaro a Jushi ya ce yana cikinsu, bai tsaya tambaya ba ya karya masa hannu da ƙarfen taya. Har yanzu ba wanda ya tabbatar yaron na ciki. Jiya kuma ya dawo daga kemis yana huci, wai an gaya masa ɗaya daga cikin alluran da yake sayowa ta olsa ce. Ya ce mutumin da ke cin tsire da yaji kamar ya haɗa da takardar, yaushe ya yi olsa? Wai sun haɗa shi da wani majinyaci ne. Da ƙyar na hana shi shiga ofishin likita.

Kai kaɗai yake jin maganarka. Ka rubuto masa ya natsu, kuma ka sa mu a addu'a.

Taubashiyarka,
Raudatu

Ƙaura Namoda
Lahadi, 19 ga Satumba

Raudatu,

Wa alaikumus salam. Muna nan lafiya gwargwado, yara na gaishe ki. Allah Ya saka miki da alheri, Ya bar zumunci.

Takardarki ta iso jiya. Na karanta a tsaye a bakin tasha, sai da direban ya riƙe ni. Allah Ya isa tsakaninmu da waɗannan yaran. Da na kama hanya yau, amma kin san halin da muke ciki. Motar da ta fita ba ta da tabbacin isa, kuma ba zan bar mace da ƙananan yara su kaɗai a garin nan ba.

Yanzu ki saurare ni da kyau, ba wasan taubasai nake yi ba. Kin ce sun zura masa roba a hanci, kin ce ko yatsa ba ya motsawa. Raudatu, ke ba ki nan lokacin Baba. Ni na kai shi asibiti yana magana, yana yi mini faɗa a kan takalminsa. Suka zura masa robar nan, daga ranar bai ƙara cewa uffan ba, bai daɗe ba muka ɗauko shi a makara. Haka aka yi da Malam Shekari maƙwabcinmu, haka aka yi da Goggon Bomo. Wa kika taɓa gani an sa wa robar hanci ya koma gida da ƙafarsa? Idan sun fid da rai da mutum ne suke sa ta, don kada dangi su dame su. Ga shi da bakinki kin ce tun da aka sa ya yi shiru.

Batun allurar olsa kuwa, Umar ya fi ki gaskiya. Ɗaki ɗaya muka tashi da Abdulrahim, ko ciwon ciki bai taɓa yi ba. Wanda ya ba mutum maganin cutar da ba ya da ita, me kuma ba zai ba shi ba?

Tunda Baba ya rasu ni ne uba a gidan nan, kuma ga maganata. A cire masa robar. A daina allurar. In sun ƙi, Umar ya cire da hannunsa, ni na sa shi, duk abin da ya biyo baya a wuyana. A dama masa kunu a ba shi da cokali kamar yadda ake ba ɗan Adam. Ki karanta wa Inna da Umar wannan, kada ki rage ko kalma.

Ban yarda in binne ƙanena da roba a hanci ba.

Yayanki,
Jafaru

Samaru
Laraba, 22 ga Satumba

Yaya Jafaru,

Sallama da gaisuwa mai yawa. Ina fatan kuna lafiya. Shiru har yau, ko malamin gona ya manta yadda ake riƙe biro ne? In tawada ce ta ƙare ka faɗa, in aiko maka da ta 'yan ajina.

Albishirinka. An cire wa Abdulrahim injin numfashi, an fito da shi daga gobe da nisa zuwa ɗakin maza. Ashe shirun nan da na gaya maka su ne suka sa shi barci da gangan, don kada ya yi kokawa da injin. Da suka rage maganin barcin sai ga mutum ya buɗe ido. Na ce masa Aishatu ta ce jaririn kunnuwansa ya ɗauko, Allah Ya kyauta. Wallahi sai da ya matse mini hannu. Na fita baranda na yi kukana na ƙoshi.

Bai iya magana ba tukuna, kuma bai iya haɗiya ba, saran kan ya taɓa wannan. Saboda haka robar na nan. Sista Martina, wata 'yar Zonkwa mai jinyar ɗakin, ta koya mini yadda ake tace kunun gyaɗa da madara a zuba ta sirinji a hankali, a ɗaga masa kai kafin a fara. Yanzu na ƙware, har faɗa nake yi wa sababbin zuwa.

Batun allurar olsa, na gaji da gunagunin Umar na je na tare likitan da kaina. Sunansa Dakta Adebayo, haifaffen Sabon Gari ne, Hausarsa ta fi taka. Na ce, "Likita, yaron nan ba ya da olsa." Ya ce, "Na sani, Malama. So nake kada ya samu." Ya ce duk jikin da ya sha irin wannan wuya, ya zubar da jini, ya kwanta a inji, yakan janye jini ya kai wa zuciya da ƙwaƙwalwa, ya bar ciki da ɗan kaɗan. Sai bangon cikin ya yi laushi, ruwan tsamin da ke narka abinci kuwa bai san an yi haɗari ba, yana ta zuba. In ba abinci a ciki, bangon yake ci. Ya ce gyambon kan buɗe ba tare da majinyaci ya ce wayyo ba, sai dai a ga jini. Allurar tana rage tsamin, abincin roba yana tsare bangon. Ya ce ba kowane majinyaci suke yi wa ba, sai irin su Abdulrahim, kuma ranar da ya fara ci da bakinsa sosai za su daina duka biyun.

Ya kuma ja mini kunne a kan abu ɗaya, kada wani ya kuskura ya sayo masa maganin ciwon jiki na kemis, irin wanda 'yan dako ke sha. Ya ce wannan kan huda cikin mai lafiya ma.

Na maimaita wa Umar duk wannan. Ya ce, "Ke dai an yi miki turanci kin ruɗe." Amma yana sayo allurar, yana ƙunƙuni yana sayowa. Inna ta fara zuwa, ba ta son kallon robar, takan juya fuska ta yi ta jan carbi.

Ka kwantar da hankalinka. In Allah Ya yarda kafin Aishatu ta yi arba'in mijinta na gida.

Taka mai tsiwa,
Raudatu

Samaru
Asabar, 25 ga Satumba

Yaya,

Ina fatan kuna lafiya. Ni ba lafiya nake ba, leɓena a fashe yake.

Takardarka ta ranar Lahadi ta iso jiya, kuma ba hannuna ta fara shiga ba. Direban ya san Umar, ya miƙa masa a tasha. Ya buɗe ya karanta, ya biya Muchia ya karanta wa Inna, ya ɗauko ta a babur. Ina cikin zuba wa Abdulrahim kunu suka shigo.

Ko sallama bai yi ba. Ya fizge sirinjin ya yi jifa da shi. Na ce, "Umar, lafiya?" Ya ce, "Yaya ya yi magana, ya ce a cire roban." Na riƙe masa riga ina cewa ya tsaya, ka rubuta ne kafin ka ji an samu sauƙi. Ya mare ni da bayan hannu, na bugi ƙarfen gado. Ni, Yaya, da na goya Umar a bayana. Kafin in miƙe ya danne goshin Abdulrahim da hannu ɗaya, ya naɗe robar a ɗayan, ya fizgo ta gaba ɗaya har da filastar da fatar hanci. Jini ya biyo. Abdulrahim ya yi wani irin gurnani, idanunsa a kaina, ba ya da bakin cewa a bari.

Sista Martina ta rugo, masu gadi suka rugo. Umar ya ɗaga kujerar ƙarfe ya ce duk wanda ya matso sai ya fasa masa kai. Majinyata na ta salati, wani tsoho da ke gadon kusa ya faɗo ƙasa garin gudu. Dakta Adebayo ya zo ya durƙusa a gaban Inna, ya yi mata bayani kamar yadda ya yi mini, har ya ce mata Mama. Inna ta ce, "Roban nan shi ya kashe Malam ubansu. Babban ɗana ya ce a cire, an cire ke nan." Ya ce in sun ƙi magani sai sun sa hannu. Aka kawo takarda ta dangwala yatsa.

Da yamma na je da kaina na sayo allurar. Umar ya ƙwace ledar, ya zazzage kwalaben a ƙasa ya bi su da takalmi ɗaya bayan ɗaya. Martina ta ja ni gefe ta ce tunda uwa ta sa hannu, ba su da ikon taɓa shi da abin da aka ƙi. Yanzu Umar ya shimfiɗa tabarma a gindin gadon, in ya fita Inna ta karɓe shi. Suna ɗura masa kunu da cokali, rabi ya dawo ta gefen baki, rabi ya sarƙe shi ya yi ta tari har ya yi shuɗi. Abin da ke isa cikinsa bai kai na jariri ba. Da safen nan kuma na ga Umar yana daka wasu ƙwayoyi a murfin kwano, wai Abdulrahim na nishi, haƙarƙarin na damunsa. Irin waɗanda likita ya hana ne. Na faɗa, Inna ta ce in ba zan yi shiru ba in koma gidana, ai ba cikinta na fito ba.

Ina jin haushinka, Yaya, ba zan ɓoye ba. Baba ciwon daji ne ya cinye shi, kowa ya sani, robar ta same shi ne a bakin tafiya. Kana can ba ka ga yaron nan ba, ka yanke hukunci da layi ɗaya na takardata. Amma ba lokacin faɗa ba ne. Bakin da ya ce a cire shi kaɗai zai ce a mayar. Ka rubuto wa Umar da sunansa, yau ɗin nan, ko ka taho da kanka. Na roƙi direban ya tsaya a kanka har sai ka ba shi amsa.

Raudatu

Ƙaura Namoda
Talata, 28 ga Satumba

Raudatu 'yar tsiwa,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, sai dai kwana biyu ba mota ko ɗaya da ta shigo, yau ne aka samu ta farko. Ita ta kawo takardarki ta ranar Laraba mai albishir. Goro na nan bisa kaina in mun haɗu.

Alhamdu lillahi. Na karanta wa Nana Hafsat, ta yi guɗa har maƙwabta suka leƙo. Ashe barci aka sa shi. Ni kuwa na karanta shirun nan na ga Baba a kwance, hankalina ya gushe. Akwai wata takarda da na aiko miki cikin zafin rai, wataƙila ta iso, wataƙila tana hanya. Ki yaga ta. Na san ki da hankali, na san ba za ki karanta wa Umar irin wannan ba alhali kina ganin sauƙi da idonki. Na ce kada ki rage ko kalma, to yanzu na ce ki rage duka.

Bayanin likitan ya shige ni. Mu ma a gona mukan yi feshi tun kafin tsutsa ta sauka, ban san me ya sa ban yi wannan tunanin ba. Har yanzu raina ba ya son robar nan, ba zan yi miki ƙarya ba, amma a bar ta har su cire da kansu. Allurar ma a ci gaba. Ki gaya wa Umar ni na ce ya bi abin da likita ya faɗa, kuma ya je ya nemi iyayen yaron nan na Jushi ya ba su haƙuri.

Ki gaida Inna da Aishatu. Ki ce wa Abdulrahim kunnuwan gado ne, kada ya ji komai. Da hanya ta yi sauƙi ina tafe.

Yayanki,
Jafaru

Samaru
Lahadi, 3 ga Oktoba

Yaya Jafaru,

Assalamu alaikum. Ina fatan kuna lafiya. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Abdulrahim ya rasu ranar Juma'a da hantsi, an yi jana'izarsa bayan an sauko daga masallaci. Allah Ya jiƙansa, Ya ba mu haƙuri. Takardarka mai cewa in yaga ta farko ta iso jiya, ana zaman makoki.

Zan gaya maka yadda aka yi, don kada ka ji a bakin wani a gyare.

Tun ranar Talata na ga bayan gidansa ya koma baƙi ƙirin kamar kwalta, da wani wari da ban taɓa ji ba. Na kira Martina, ta duba ta ce jini ne. Likita ya sake roƙon Inna. Umar ya ce rubutun sha ne da aka ba shi yake fita. Ranar Laraba leɓunansa suka yi fari, tafin hannunsa ya yi sanyi. Ya daina matse mini hannu.

Ranar Alhamis da azahar Umar ya ɗaga shi zai ba shi kunu. Sai ya yi wani yunƙuri, jini ya ɓalle ta baki da hanci. Ba ɗigo ba, Yaya. Ya wanke rigar Umar, ya cika kwanon kunun, ya malala ƙasa har ƙarƙashin gadon maƙwabci, da guda-guda baƙaƙe a ciki. Inna ta zube. Martina ta zo da gudu da tire, da sabuwar roba a kai, tana kiran a kawo jini, a kira likita. Ta ce, "Umar, don girman Allah matsa, ɗan'uwanka zai tafi." Shi kuwa robar kawai ya gani. Ya ɗauki ƙarfen da ake rataye ƙarin ruwa ya sauke mata a hannu. Na ji ƙarar ƙashin daga inda nake. Ta faɗi cikin jinin, ya ƙara mata a kafaɗa, yana ihu yana cewa ba mai ƙara sa wa ɗan'uwansa wannan abu. Masu gadi da 'yan jinya suka taru a kansa, ya fasa wa ɗaya baki, suka danne shi suka yi masa dukan da har na tausaya masa. 'Yan sanda suka tafi da shi jina-jina.

Duk wannan kokawar a gaban gadon aka yi ta, ba mai iya isa ga Abdulrahim, yana ta amai. Da aka samu hanya Inna da kanta ta kama ƙafar Dakta Adebayo ta ce ya yi duk abin da zai yi. Aka mayar da shi gobe da nisa. Na ba da jinina, abokansa na kasuwa suka yi layi suka bayar. Ana zubawa ta hannu yana fita ta baki. Likitan ya ce gyambon ya ci har ya kai ga jijiya, kuma jikin ba zai ɗauki wani aikin ba. Bai ɗora wa kowa laifi ba, bai ko ɗaga ido ya dubi Inna ba, kuma na gode masa.

Saran ya warke, Yaya. Ni na taya mazan haɗa kayan wanka, suka ce ɗinkin kansa da na ƙirjinsa duk sun kame tsaf.

Martina tana kwance a asibitin da take aiki, an sa mata ƙarfe a hannu. Na je gaishe ta, kunya ta hana ni zama. Ita ce ma ta yi mini ta'aziyya. Aishatu kuwa sai an sa mata jaririn a cinya take tunawa da shi. Inna ta ce a gaya maka ta yafe maka, ban tambaye ta me ta yafe ba.

Saura Umar. Yau da safe na kai masa abinci ofishin 'yan sanda. Ido ɗaya a kumbure, haƙori biyu babu. Tun ranar Alhamis yake tsare, ba wanda ya je, ba wanda ya gaya masa komai. Yana ganina ya kama ƙarfen ƙofar ya ce, "Anti, sun mayar masa da roban?" Na ce ba ya da roba a hanci yanzu. Ya yi ajiyar zuciya, ya yi murmushi da fasasshen bakin nan, ya ce, "Alhamdu lillahi. Ki rubuta wa Yaya ki ce na tsare masa shi. Ya jikin nasa?"

Na ajiye kwanon na fito. Na iya wanke jinin Abdulrahim, na iya gaya wa Aishatu, amma wannan ba zan iya ba, kuma ba nawa ba ne. Na roƙi 'yan sandan su yi shiru, sun ce za su yi. Ko hanya ta yi sauƙi ko ba ta yi ba, ka taho ka gaya masa da bakinka. Yana can yana jiran ka ce masa ya kyauta.

Wassalam,
Raudatu